Neman shawara: an kawo min allon talla kyauta, amma da ido a goshinsa

Maman Ilham:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Don Allah masana a cikinmu ku taimaka min da shawara kafin Asabar, don ranar na ce musu su dawo.

Ina da shagon abaya da mayafai da turaruka a wata filaza a nan Kano, shekara shida ke nan. Makon jiya wasu samari biyu suka zo daga wani kamfanin talla, suka ce za su kafa min allo irin dogon nan mai kama da ƙofa, daga ciki kusa da bakin shiga. Ko sisi ba zan biya ba. Rabin lokaci zai riƙa nuna kayana, rabi kuma tallan wasu kamfanoni, sannan duk wata za su ba ni ɗan wani abu na wuta da na wuri. Har suka nuna min a waya yadda abayoyina za su fito. Gaskiya raina ya biya.

Sai da 'yata ta zauna ta karanta takardar da suka bari (ni Turancina na ciniki ne) ta ce, Mama kin san akwai kyamara a jikin allon? Wai tana ƙirga waɗanda suka kalla, tana ƙiyasta shekarunsu, mace ce ko namiji, da daƙiƙa nawa mutum ya tsaya. A ƙasa kuma an rubuta cewa duk bayanan da aka tara mallakin kamfanin ne. Na kira ɗaya daga cikin yaran, ya ce Hajiya kwantar da hankalinki, ba hoto take ɗauka ba, lissafi kawai take yi.

Abin da ya tsaya min a rai shi ne kwastomomina mata ne zalla. Akwai masu niƙabi da suke ɗagewa da zarar sun shigo, akwai masu cire gyale su gwada mayafi a madubi, ga amare da ake kawowa zaɓen kayan lefe. To amma ni ma ina da kyamarar tsaro guda biyu a shagon tun da aka yi min satar turare. Maigidana ya ce mene ne bambancin, ki karɓa kawai. Maƙwabciyata mai takalma har ta sa hannu. Ni dai zuciyata ta ƙi kwanciya, kuma na kasa faɗin dalili. In karɓa ko in bari?

Alhaji Na-Kwari:
Wa alaikumus salam. Hajiya karɓi abinki. Wane sirri ya rage mana? An ɗauki fuskarmu da yatsunmu wajen BVN, an ɗauka wajen NIN, an ɗauka wajen rajistar layi. Yanzu allon talla ne zai zama dodo? A wannan tsadar wutar wani ya ce zai rage miki nauyi, ki ce sai kin yi shawara. Mu a kasuwa kyamara ta raba rigimar da rantsuwa ta kasa rabawa.

Ummu Sultan:
Alhaji da girmanka, ba ɗaya ba ne. Ranar da na je banki na san hoto za a ɗauka, na shirya, na gyara hijabina, na bi layi da ƙafata. Shagon abaya kuwa ina shiga ne da tunanin mu ya mu ne, mata zalla. Maman Ilham, ni irin kwastomominki ce. Wallahi in na gano allon da ke kallon madubi yana da ido kuma ba a gaya min ba, ba zan yi faɗa da ke ba, ba dai za ki sake ganina ba. Kuma sai na faɗa wa 'yan gidanmu.

Anti Calgary:
Maman Ilham, da na karanta maganar yaron nan, "ba hoto take ɗauka ba, lissafi kawai", sai da na yi dariya, don mun ji irinta a garin da nake zaune.

Akwai wani babban kamfani a nan Kanada, Cadillac Fairview, shi ke da manyan cibiyoyin kasuwanci da yawa, har da Chinook Centre na nan Calgary da Eaton Centre na Toronto. A cikinsu akwai allunan da ake dannawa a nemi inda shago yake. A 2018 wani mai sayayya ya ga allon Chinook ya bar wani shafi a buɗe, rubutun da ke kai yana nuna akwai manhajar nazarin fuska da ke aiki a ɓoye. Ya ɗauki hoto ya sa a intanet. Ashe akwai 'yar ƙaramar kyamara a jikin allunan, ba wanda ya lura da ita.

Hukumomin kare sirrin jama'a suka shiga bincike, suka fitar da rahoto a Oktoban 2020. Cibiyoyi 12 abin ya shafa. Kamfanin ya ce shi shekaru da jinsi kawai yake ƙiyastawa, hoton kuma nan take ake goge shi. Masu bincike suka gano cewa hoton ana gogewa ɗin, amma kafin a goge ana mayar da fuskar zuwa jerin lambobi, kuma an tara irin waɗannan lambobi na fuskoki kusan miliyan 5 a rumbun wani kamfani daban da ya haɗa musu allunan. Da aka tambayi masu cibiyoyin, suka ce su ma ba su san ana ajiyewa ba. Ki lura da wannan: kamfani mai lauyoyi da injiniyoyi bai san abin da allon da ke cikin gininsa yake tarawa ba. Sun kuma ce ai sun manna 'yar sanarwa a ƙofofin shiga, hukuma ta ce wannan bai isa a ce mutane sun yarda ba.

Bayan nan ma, a farkon 2024, a Jami'ar Waterloo ta nan Kanada, injin sayar da alawa ne ya samu matsala ya nuna sunan manhajar gane fuska a allonsa. Ɗalibai suka yi ta toshe ɗan ramin kyamarar da cingam da takarda, daga baya jami'ar ta sa aka kwashe injinan.

Ban ce yaran da suka zo miki maƙaryata ne ba. Mai yiwuwa abin da aka gaya musu suke maimaitawa. Amma shi ɗan tallan bai taɓa ganin rumbun ba, ke ma ba za ki gani ba.

Injiniya Mai Kyamara:
Hajiya, sana'ata ke nan, ina kafa kyamarori a shaguna da gidaje. Bari in amsa tambayar maigida, don tambaya ce mai kyau.

Kyamarar tsaronki tana naɗa ne a cikin akwatin da ke shagonki. Ke kika saye shi, ke ke da makullinsa, in faifan ya cika sabon hoto ya hau kan tsoho. Dalilin kafa ta kuma kowa ya sani: ɓarawo. Ta allon talla ba don ɓarawo aka sa ta ba. Masu ba da talla ba sa son biyan kuɗi a kan "wataƙila an gani", suna son a ce musu mata kaza masu shekara 25 zuwa 35 sun kalli tallanku jiya, kowacce ta tsaya daƙiƙa kaza. Wannan lissafin shi ne hajar da kamfanin yake sayarwa. Allon da kuɗin wutar da za su ba ki, kuɗin sayen hajar ne. Banza ba ta kai zomo kasuwa. Ba sabon abu ba ne, tun 2013 Tesco, mai manyan kantuna, ta sa irin waɗannan allunan a gidajen manta 450 a Birtaniya, suna duba fuskar mai biyan kuɗi su zaɓa masa talla.

Yadda take aiki kuwa: kyamara ba ta iya "lissafi" ba tare da ta ga hoto ba, dole sai ta ɗauka tukuna. Manhaja ta nemo fuska a ciki, ta auna, ta yi ƙiyasi. Daga nan hanya ta rabu biyu. Akwai wadda take zubar da komai nan take, ta tura adadi kawai. Akwai wadda take riƙe lambobin fuskar don in kin dawo jibi, ko kin shiga wani shagon da ke da allonsu, ta san ke ce. A ido duk ɗaya suke, ni kaina in ka ajiye min su ba zan bambance ba sai na shiga ciki. Sannan allon yana da layin waya a cikinsa. Daga ofishinsu za su iya sauya manhajar cikin dare, wadda ke ƙirga yau ta koma mai ganewa gobe, ba tare da sun tako shagonki ba.

Wasu allunan ma har wayoyin da ke kusa suke shinshinawa ta waifai. A Landan an taɓa kama kwandunan shara masu allon talla suna yin haka a 2013, hukumar birnin ta hana. Wayoyin yanzu suna sauya lambar da suke nunawa, don haka abin ya ragu, amma ki tambaya.

Ga gwaji mai sauƙi. Ki ce musu kin yarda da allon, amma a cire kyamarar ko a liƙe ta da baƙin salatef, a kuma rubuta haka a takarda. In sun ce to, alhamdu lillahi. In sun ce ba zai yiwu ba, kin san abin da suka zo saye.

Sai kuma wani abu da ba ki tambaya ba. Kyamarorinki biyun nan, wa ya kafa su? Kin canza kalmar sirrin bayan ya gama? Wayoyi nawa ne ke iya kallonsu? Ina shiga shaguna in tarar kalmar sirrin ita ce 12345 ko lambar wayar mai shago, wanda ya kafa kuma har yau shagon yana cikin wayarsa. Wasu kyamarorin suna ɗaukar murya, masu shagon ba su ma sani ba. Ki duba kuma ko akwai wadda ke hango madubi.

Alhaji Na-Kwari:
Injiniya ka kashe wa mutane kasuwa ka tallata taka. To na ji. Amma in kyamarar za ta gane ɓarawon da ya taɓa shigowa, ni wannan alheri na gani.

Anti Calgary:
Alhaji, in ta gane daidai ba. Wani kamfanin shagunan magani a Amurka, Rite Aid, ya yi amfani da irin wannan daga 2012 zuwa 2020. Na'urar ta riƙa nuna mutanen kirki a matsayin ɓarayi, ma'aikata suna bin su a baya, suna tsare su a gaban jama'a, har da yarinya 'yar shekara 11 da aka tsayar aka caje. Kuskuren kuma ya fi yawa a shagunan unguwannin da baƙaƙe da 'yan Asiya suka fi yawa. A Disambar 2023 hukumar kula da ciniki ta ƙasar ta hana su amfani da ita na shekara biyar. Can an caje yarinya ne. A kasuwanninmu ka san abin da ke biyo bayan ihun "ɓarawo".

Barista:
Hajiya, ga ɓangaren doka a taƙaice, amma ki kai takardar wajen lauya ya gani da idonsa kafin ki sa hannu a komai.

Sashe na 37 na kundin tsarin mulkin 1999 ya kare sirrin 'yan ƙasa. Sannan akwai Dokar Kare Bayanan Jama'a da Shugaba Tinubu ya sa wa hannu a Yunin 2023, wadda ta kafa hukumar kare bayanai, wato NDPC. A ƙarƙashinta hoton da za a iya gane mutum da shi bayani ne na mutum, kuma duk mai tara shi sai yana da hujjar da doka ta amince da ita, sai ya sanar da mutane wane ne ke tarawa, don me, wa za a ba, har yaushe za a ajiye. Kyamarar tsaro tana da hujja mai ƙarfi, kare dukiya, matuƙar an sanar kuma ba a wuce gona da iri ba. Ta talla hujjarta ta fi rauni. Dokar ta fito fili cewa shirun mutum ba yarda ba ne, don haka "ai ta shigo da ƙafarta" ba amsa ba ce.

Awon fuska da ake yi don a gane wani mutum takamaimai yana cikin bayanan da dokar ta ware ta tsaurara a kansu. Kamfanin zai ce shi ba ganewa yake ba, ƙiyasi yake. Wataƙila gaskiya ne, amma shi ya kamata ya tabbatar a rubuce, ba ke ki ɗauka a baki ba. Ga kuma yara: kwastomominki suna zuwa da 'ya'yansu, dokar kuwa tana neman yardar iyaye kafin a sarrafa bayanan yaro in da yarda aka dogara. Fitar da bayanai zuwa ƙasar waje ma yana da sharuɗɗansa, kuma yawancin irin waɗannan manhajoji rumbunsu ba a nan yake ba.

Kalmar "bayanan mallakin kamfani ne" kada ta sa ki zaci an sauke miki nauyi. Ta ba su amfanin ne kawai. Ke kika buɗe ƙofa, a shagonki aka kafa, mai ƙorafi kuma sunan shagonki ta sani. Ki duba ko akwai wurin da aka ce ke za ki sanar da kwastomomi ko ki nemi yardarsu. In akwai, sun ɗora miki kayan ne suka tafi da riba.

Tarar da dokar ta tanada tana iya kaiwa naira miliyan 2 ko kashi 2 cikin ɗari na kuɗin shigar shekara, duk wanda ya fi yawa, ga ƙananan masu tara bayanai. Ga manya kuwa miliyan 10 ko kashi 2. Hukumar ta ci tarar MultiChoice, masu DStv, sama da naira miliyan 766 a 2025, don haka ba a takarda kawai take ba. Ba na ce gobe za su zo shagon abaya ba. Na fi jiye miki ranar da hoton matar wani ba mayafi zai fita, don wannan shari'ar ba a ofishin hukuma za a fara ta ba.

Abin da za ki nema a rubuce: me ake ɗauka, me ake ajiyewa da tsawon lokacinsa, ina rumbun yake, su wa ake ba, da haƙƙinki na kashe allon duk ranar da kika ga dama ba tare da tara ba.

'Yar Kanti:
Ni na yi aikin karɓar kuɗi a wani babban kanti shekara biyu, ba zan faɗi suna ba. Abin da na gani ba kamfanin waje ba ne ma matsalar, mu ne. Ɗakin kyamara kowa shiga yake. In mace mai kyau ta shigo sai ka ga samarin sun taru suna matso da hoton. Wata ta zame ta faɗi, kafin la'asar bidiyon yana wayar kowa. Lambobin wayar da muke karɓa wai don katin rangwame, akwai wanda yake kwafa yana bin 'yan mata da saƙo. Ranar da aka kama wata da zargin sata kuwa, aka sa bidiyonta a TikTok, daga baya aka ga rasit ɗinta a jaka. An goge, amma ina amfani, ya riga ya zaga.

Maman Ilham, in za ki gyara, ki fara da su wa ke kallon naki.

Malam Baban Huzaifa:
Allah ya saka wa masu bayani. Abu biyu kawai zan ƙara. A Suratul Hujurat Allah ya ce "wa la tajassasu", kada ku yi leƙen asirin juna. Annabi (SAW) kuma ya bayyana cewa an shar'anta neman izini ne saboda gani. Matar da ta ɗage niƙabinta a shagonki ta yi haka ne bisa amincewa da ke, wannan amana ce. Tsare dukiya halal ne, a yi shi gwargwadon buƙata, a sanar. Amma a sayar da kallon matan mutane don a samu kuɗin wuta, ni dai ba zan ba iyalina wannan shawarar ba. Wallahu a'alam.

Ummu Sultan:
Kuma don Allah masu shaguna, in za ku rubuta sanarwar, ku rubuta da Hausa babba-babba a bakin ƙofa. Ba 'yar takardar Turanci a bayan teburin karɓar kuɗi ba.

Maman Ilham:
Salam 'yan uwa, na dawo da bayani. Na gode ƙwarai, Allah ya bar zumunci.

Sun zo yau. Na yi musu gwajin Injiniya, na ce a liƙe kyamarar. Babban cikinsu ya fita ya yi waya, ya dawo ya ce in ba kyamara allon ba kyauta ba ne, sai dai in riƙa biyan haya duk wata. Na miƙa musu tambayoyin Barista da 'yata ta rubuta, ya karanta ya ce wannan sai ofishinsu na Legas, ba zai iya sa hannu a kai ba. Na ce to in Legas ta amsa a rubuce su dawo mu yi magana. Mun rabu lafiya, har turare ɗaya ya saya wa matarsa. Ƙanina ya ce talabijin ɗin da muka daina amfani da ita a gida za ta iya nuna hotunan abayoyin daga filas, za mu gwada.

Amma abin da ya fi tayar min da hankali ba nasu ba ne. Na kira wani ya duba kyamarorina. Kalmar sirrin shekarar haihuwata ce. Wayoyi huɗu ne ke kallon shagon: tawa, ta maigida, ta wanda ya kafa, da ta wani yaro da ya bar aiki wajena tun kafin azumin bara. Ɗaya kyamarar kuma tana kama fiye da rabin madubin. Jikina ya yi sanyi wallahi. An canza kalmar, an cire wayoyin nan biyu, an juya kyamarar ta koma kan teburin karɓar kuɗi da ƙofa, na kuma sa a ɗinka labule a zagaye wurin gwaji. Sanarwar Hausa tana wajen mai rubutu, Ummu Sultan.

Saura maƙwabciyata mai takalma. Allonta za a kafa ranar Talata, kuma yadda shagunanmu suke, idonsa ƙofata zai riƙa kallo, duk wadda za ta shigo wajena sai ta gifta ta gabansa. Barista, a nan ina da bakin magana, ko sai dai in je in roƙe ta ta juya shi?